Tsohuwar na'urar Wi-Fi ta USB: a nemo mata direba ko a sayi sabuwa?

Tambaya: Ina da 'yar ƙaramar na'urar Wi-Fi ta USB tun zamanin Windows 7. Da na sa Windows 10 sai ta daina aiki, faifan da ta zo da shi kuma ya ɓata. In sayi sabuwa? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Malam, dakata tukuna. Galibi na'urar lafiyarta ƙalau, manhajar direba ce babu, wato wadda ke sa Windows ya gane na'urar ya yi aiki da ita. Kuma sunan da ke jikinta ba shi ne abin dubawa ba, ɗan guntun lantarki (chip) da ke ciki shi ne. TP-Link TL-WN722N ma, fitowar farko Atheros AR9271 ne a cikinta, ta biyu da ta uku kuwa Realtek RTL8188EUS, direban wannan ba ya yi wa waccan.

Soka ta a kwamfuta, ka buɗe Device Manager, wato jerin na'urorin da ke haɗe da kwamfutar a Windows, ka nemo mai alamar rawaya. Shiga Properties, sai Details, ka zaɓi Hardware Ids; lambar da ke bayan VID ita ke nuna kamfanin. In ka ga VID_0BDA, Realtek ce. VID_148F ta Ralink ce ko MediaTek. VID_0CF3 kuma Atheros. Lambar da ke bayan PID ita ke nuna ainihin samfurin: 148F da 7601, alal misali, MT7601U ke nan, wanda ya cika ƙananan na'urori marasa suna.

Tunda kwamfutar ba ta da intanet, haɗa wayarka da kebul ka kunna USB tethering don kwamfutar ta samu intanet daga wayar, ka fara gwada Windows Update. In bai samo ba, sauko da direban daga shafin kamfanin, ka tabbatar ya dace da Windows ɗinka, 32-bit ko 64-bit. Idan manhajar sakawa ta ƙi, warware fayil ɗin, ka bi Update driver, ka nuna masa inda fayil mai ƙarshen .inf yake; na Windows 7 ko 8.1 sau da yawa yana karɓuwa ta nan. Don Allah ka guji manhajojin da ke alkawarin sabunta direbobi duka, tallace-tallace da ƙwayoyin cuta suke jawowa.

In ta kama tana yankewa, shiga Power Management a cikin Properties ɗinta ka hana Windows kashe ta don tanadin wuta.

Sai dai yawancin irin waɗannan Wi-Fi mai zangon 2.4GHz kawai suke gani, ba sa wuce 150Mbps, kuma ba su san WPA3 ba, wato sabon tsarin tsaron Wi-Fi da ya biyo bayan WPA2. Idan rautarka (na'urar da ke raba Wi-Fi) ko hotspot ɗinka na kan 5GHz, mayar da shi 2.4GHz da WPA2. In kana bukatar 5GHz ɗin dole, to nan ne sayen sabuwa ya dace: nemi mai AC600 ko sama, wadda aka rubuta Windows 10 a kwalinta, ka sa a gwada maka a shago kafin ka biya.