Amsa ga Hajiyar da lissafin BMI ya ba ta 50

Wa'alaikumus salam Hajiya. Kin ce nauyinki kilo 82 ne, tsawonki ƙafa 5 da inci 4, da kika lissafa BMI, wato ma'aunin da ke gwada nauyin mutum da tsawonsa, ya ba ki 50, kuma kina tambaya ko akwai haɗari. Ki kwantar da hankalinki tukuna, a lissafin aka samu kuskure. Sau ɗaya kika raba nauyin da tsawo, alhali sau biyu ake rabawa.

Da farko a mayar da tsawo zuwa mita. Ƙafa ɗaya inci 12 ce, naki ya zama inci 64. Kowane inci santimita 2.54 ne, jimla kusan santimita 163, wato mita 1.63. A kalkuletar wayarki ki danna 82 ÷ 1.63 ÷ 1.63, za ki ga kusan 31. Wasu kuma ƙafa 5 da inci 4 ɗin suke sakawa a matsayin 5.4 kamar mita ce, sai ya ba su 2.8, abin da ba ya yiwuwa ga mai rai.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta kasa manya haka: ƙasa da 18.5 rama ce, 18.5 zuwa 24.9 daidai, 25 zuwa 29.9 nauyi ya wuce kima, daga 30 kuma ƙiba ce da likita zai sa wa ido, 40 zuwa sama ita ce mai tsanani. Ke kina farkon rukunin ƙiba ne. Amma ki sake awon da kyau: sikeli a kan siminti ko tayil, ba kan kafet ba, da safe bayan kin zaga, kafin karin kumallo, babu takalmi babu jakar hannu. Tsawo kuma ki jingina da bango, dugadugai a manne, a cire ɗaurin ɗankwali da acuci, a ɗora littafi a kai a ja layi.

Abin da ya fi damuna bai fito a lambar nan ba, wato inda kitsen ya taru. Ki ɗauko tef irin na tela, ki zagaya shi tsakanin haƙarƙarin ƙarshe da saman ƙashin ƙugu, ki saki numfashi, kada ki tsuke ciki. Ga mace haɗari yana farawa daga santimita 80, ya yi ƙarfi daga 88. Ga namiji 94 da 102. Kitsen tumbi shi ke lulluɓe hanta da hanji, ya hana insulin, sinadarin da ke daidaita suga a jini, aiki yadda ya kamata, daga nan ciwon suga ke shigowa, hawan jini ya biyo baya, a ƙarshe ciwon zuciya ko shanyewar ɓarin jiki. Mata biyu za su iya zama 31 dukansu, mai kitse a cinya da mazaunai ta fi mai tumbi samun sauƙi nesa ba kusa ba. Ciwon gwiwa, minshari mai yanke numfashi da rikicewar al'ada su ma suna bin ƙiba.

Don Allah cikin makon nan ki je asibitin sha-ka-tafi na unguwarku, ko asibitin Barau Dikko da ke Kaduna, ko na Yusuf Dantsoho a Tudun Wada, a gwada miki jini da suga. Na suga ki je ba ki ci komai ba tun dare, awa 8 aƙalla. Idan jini yana kaiwa 140/90 a awo daban-daban, ko suga ya kai 126 mg/dL, magana ta koma hannun likita.

Nauyin da ya dace da tsawonki kilo 49 zuwa 66 ne, amma kada ki sa 66 a gaba yanzu, za ki karaya. Rage kashi 5 zuwa 10 cikin ɗari, wato kilo 4 zuwa 8, ya isa ya taɓa suga da jini. Rabin kilo a mako ya wadatar. Ki fara da abin sha, domin kwalbar lemo ɗaya na iya ɗauke da sukari kusan cokalin shayi 9, zoɓo da kunun aya na sayarwa ma akan zuba musu sukari da yawa. Malmalar tuwo biyu ta koma ɗaya, miyar ganye ta ƙaru, man girki a auna shi da cokali maimakon a tuttula. Tafiya mai sauri minti 30, kwana 5 a mako, ko a Murtala Square ko a layinku bayan Asuba. Shayin rage ƙiba ki bar shi, yawancinsa gudawa yake sawa, ruwa ne ke fita, kitsen yana nan.

Ga sauran 'yan uwa: wannan lissafi na BMI ba na mai juna biyu ba ne, ba na yara ba ne, kuma yana yaudara ga mai kumburin ƙafa ko mai ɗaga ƙarfe. Wanda ya faɗo ƙasa da 18.5, musamman in ramar ta zo ba dalili, a duba tarin fuka, suga, ƙanjamau da maƙoƙo kafin a nemi maganin ƙara ƙiba. Ƙwayoyin "sha ka fashe" sau da yawa akwai dexamethasone a ciki, yana kumbura fuska, ya tayar da suga da jini, ya raunana ƙashi. Wadda ta daɗe tana sha kada ta yanke rana ɗaya, likita ne zai rage mata a hankali.