Tambaya da Amsa: Ayarin Keken Shanu a Yammacin Amurka

Tambaya: Malam, kakanninmu fataken goro ne, da jakuna suke sauka Salaga. Su Turawan da suka yi ƙaura zuwa yammacin Amurka, yaya suke tafiyar tasu, kuma me ya fi hallaka su a hanya? Daga wani mai karatu, Aboabo, Kumasi.

Amsa: Hanyar da ta fi suna ita ce ta Oregon. Daga garin Independence a jihar Missouri take tashi, ta ƙare a kwarin Willamette, kimanin kilomita 3,500, wato kamar a yi Kumasi zuwa Accra sau 14. Babban ayarin farko ya tashi a 1843 da mutum kusan 1,000. Tafiyar wata huɗu ce zuwa shida, a yini ana cin kilomita 20 zuwa 25.

Lokacin tashi shi ne kan gaba, ƙarshen Afrilu ko cikin Mayu. In an yi gaggawa, ciyawa ba ta fito ba, dabbobi su rame. In an makara, dusar ƙanƙara ta rufe mashigar duwatsu. Abin da ya sami wani ayari mai zuwa California da ake kira ayarin Donner ke nan a 1846: sun bi yanke, yanken ya cinye musu makonni, ƙanƙara ta ritsa da su a duwatsun Sierra Nevada. Cikin mutum 87, 48 ne suka tsira.

Akasari bijimai ake ɗaura wa keken, huɗu ko shida, bibbiyu a karkiya. Sun fi doki da alfadari araha, suna ƙoshi da ciyawar hanya, in ta ɓaci a yanka a ci. Kowane baligi ana yi masa tanadin fulawa kusan kilo 90, ga sukari, gishiri, kofi da naman alade mai gishiri, wanda ake binnewa cikin dusa kada kitsen ya narke. Keken na kaya ne, mutane a ƙafa suke tafiya. Wanda ya yi haɗama ya loda murhun ƙarfe da kabad, a gefen hanya yakan jefar da su da zarar shanu sun fara gazawa.

Ƙafafun keken na katako ne da zoben ƙarfe a kewaye. Iskar can busasshiya ce, katakon ya tsuke, zoben ya saki ya fice. Maganinsa a kwana da ƙafar cikin rafi ta kumbura, ko a cusa 'yan ƙirare tsakanin ƙarfe da katako. Akwai kuma bokitin kwalta da kitse a rataye don shafe sandar da ƙafafun ke juyawa a kanta. A filayen da babu itace, busasshen kashin ɓauna ne makamashi.

Maganar mutuwa kuwa, fina-finai sun ruɗi mutane. Harin 'yan asalin ƙasar kaɗan ne in aka gwada da cuta, sau da yawa ma ciniki ake yi da su, su nuna mashigi. Kwalara ce ta fi kisa, musamman a gaɓar kogin Platte tsakanin 1849 da 1852, saboda ayari na sauka inda wani ya tashi, ana shan ruwan da aka ɓata. Sai nutsewa wurin ƙetare kogi, faɗawar yara ƙarƙashin keke, da tashin bindiga bisa kuskure.

Tambaya: Da gaske ne kyauta ake ba su gona? Daga wata malamar makaranta, Asawase.

Amsa: Malama, kusan haka ne. Wata dokar gwamnatin Amurka ta 1862 ta ba mutum eka 160 in ya biya dala 18 kuɗin takarda, ya gina ɗaki, ya noma wurin shekara biyar. Inda babu itace, doron ƙasa mai saiwar ciyawa suke yankawa su jera kamar tubali. Da yawa sun watsar kafin wa'adi saboda fari da farin ɗango. Filin kuma yana da masu shi, irin su Lakota da Cheyenne, waɗanda aka kora da ƙarfin soja aka tsugunar a keɓaɓɓun yankuna.