Shin kogon duwatsu masu ƙyalli zai iya yin kiɗa da kansa?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamar sakandare ce a Jos, ina rubuta wa ɗalibaina ƙagaggen labari a kan wani kogo a tsaunukan Shere, cike da duwatsu masu ƙyalli kamar gilashi, wanda ke fitar da kiɗa ba tare da makaɗi ba. Ko akwai ƙamshin gaskiya a ciki?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malama. Akwai ƙamshin gaskiya sosai, sai dai ba ƙyallin ne ke yin kiɗan ba.

Kogon da ya fi kama da naki yana Naica a ƙasar Meziko. Masu haƙar ma'adinai ne suka faɗa masa a shekarar 2000, kimanin mita 300 a ƙarƙashin ƙasa. Wasu duwatsun cikinsa sun kai mita 11 tsawo, zafin wurin kuma ya haura digiri 50. Amma jibsam ne, irin wanda ake silin ɗin POP da shi, mai laushin da farce ke karce shi. Dutse mai laushi haka in an buga shi amonsa mutuwa yake yi nan take. Ga kuma tsinaye ko'ina da ke tarwatsa sauti, alhali amsa-kuwwa bango mai santsi da tauri take so, kuma sai bangon ya yi nisan kamar mita 17 kafin kunne ya raba ta da muryar mai magana.

Abin da zai sa kogonki waƙa shi ne iska. Kogo yana numfashi: idan nauyin iskar waje ya ragu, ta ciki takan fito, idan ya ƙaru ta koma. Kogon Wind Cave na Amurka da wannan ya yi suna. Idan iskar ta ratsa ƙaramar kafa sai ta yi amo, yadda yaro ke busa bakin kwalbar lemo. Dogon rami ya ba da murya mai kauri, gajere ya ba da siririya. Ki ba kogonki kafofi huɗu ko biyar masu tsawo daban-daban, sannan ki sako masa iskar hunturun Jos, kin sami sarewa.

Sai dutsen da ake bugawa. A kogon Luray da ke jihar Bajiniya ta Amurka, Leland Sprinkle ya haɗa wani abin kiɗa a shekarun 1950, inda 'yan gudumomin roba ke ƙwanƙwasa tsinayen dutse masu lilo daga rufi, kowanne da muryarsa. Suna amo ne domin a rataye suke, ba abin da ya danne su.

Ni dai da za ki ji shawarata, ba sai kin je Amurka aro ba. Bernard Fagg, wanda ya kafa gidan tarihi na Jos a 1952, ya yi rubutu a 1956 kan duwatsun kiɗa da ya gani a Birnin Kudu. Falalen giranit ne, wato wani dutse mai tauri, da ya ɓantare ya zauna a kan wasu duwatsu, ƙarƙashinsa fayau. Ki buga shi da ƙaramin dutse ki ji ya amsa kamar kuge. A jikinsa za ki ga 'yan ramuka sun yi sumul, wurin da hannayen magabata suka daɗe suna bugu. Yana damuna yadda yaranmu ba su san da wannan ba.

Tsaunukan Shere ma giranit ne. Irin wannan dutse ba ya narkewa a ruwa ya buɗe dogon kogo kamar dutsen da ake siminti da shi, don haka naki ya zama rata tsakanin manyan duwatsu da suka jingina da juna. Ƙyallin kuma ki ɗauko shi daga farin dutsen kwaz da tofaz, waɗanda masu haƙar kuza a Filato suka saba cin karo da su. Su riƙa kama hasken tocilan yaran, kiɗan kuma ki bar wa iska da falalen dutse.