Wane littafi zan fara da shi kan Frida Kahlo?

Ka tambayi littafin da ya haɗa rayuwar Frida Kahlo, mai zanen nan 'yar Mekziko, da fasaharta. Fara da na Hayden Herrera, "Frida", wanda ya fito a 1983. Ya bi ta daki-daki: hatsarin bas na 1925 da ya karya mata ƙashin baya da ƙugu, aurenta da mai zane Diego Rivera a 1929, har rasuwarta a 1954. Sai dai an rubuta shi kafin 2004, shekarar da aka buɗe wani ɗaki a gidanta na unguwar Coyoacán a birnin Mekziko aka tarar da dubban wasiƙu da hotuna, don haka babu su a ciki.

Don zanen kuwa, nemi babban kundin da maɗaba'ar Taschen ta buga a 2021, aikin Luis-Martín Lozano. Yana da tsada, amma launi ya fito sosai. Ƙananan bugu masu araha sukan dushe jan launi, ƙusoshin da ke jikinta a zanenta mai suna "Karyayyen Ginshiƙi" na 1944 ma da kyar ake ganinsu.

Littafin sirrinta da ta rubuta da hannunta, bugun 1995, bar shi sai daga baya. Sai ka san tarihinta zai yi maka ma'ana. In ka ga an rubuta 1910 a matsayin shekarar haihuwarta, ita ce ta riƙa faɗin haka don ta dace da juyin juya halin ƙasarsu. A 1907 aka haife ta.