Amaryata, kin tambaye ni kurwa

Saƙonki ya iso. Ƙaninki ne ya karanta mini daga waya, shi ne kuma yake rubuta wannan da nake faɗa, saboda haka in kin ga kuskure ki kama shi. Na yi dariya har sai da kishiyarki ta leƙo daga ɗaki tana tambayar ko lafiya. Wato duk kuɗin da ubanki ke turawa Dutse, abin da aka koya miki shi ne ki dawo ki tuhumi tsofaffi a kan randa? Kin ce me ya sa a gidan nan ba a barin yaro ya kwanta da ƙishirwa, me ya sa ba a tashin mai barci da tsawa, kuma wai kurwar da ake faɗi ita ce ruhin da malamai ke faɗi ko wata aba ce daban. Kin ƙara da labarin wani Bature Tylor da malaminku ya ba ku, wanda a 1871 ya rubuta cewa daga mafarki mutanen farko suka samo tunanin rai: gangar jiki tana kwance, mai ita yana can yana yawo har yana gaisawa da matattu, sai suka ce lalle akwai wani na biyu a ciki. Da dariyar ta lafa kuma sai jikina ya yi sanyi. Yarinyar da ke tambayar kurwa da tsakar dare, ko dai karatu ne ya yi mata yawa, ko wani abu ne ke firgita ta a ɗakin kwanan ɗalibai ba ta faɗa ba. In na biyun ne, ki gaya wa uwarki tun da wuri.

Maganar randa a bakin Goggo muka ji ta, yayar mahaifina, wadda ta yi renonmu. Cewa take in mutum ya kwanta da ƙishirwa kurwarsa za ta fita neman ruwa cikin dare, in ta faɗa randa wani ya zo ya mai da murfi, to sai dai a wayi gari a yi ta jijjiga mai ita. Don haka kowane yaro sai ya kafa kai a moɗa kafin ya hau tabarma. Mai barci kuwa, ƙafarsa ake taɓawa, a kira sunansa a hankali, a ba kurwa lokaci ta dawo gida. "Barci ƙanin mutuwa ne," in ji ta, "ba a yi masa garaje." Da Baturenku ya biyo ta garinmu, da Goggo ta ba shi wannan karatun kyauta, ta haɗa masa da fura.

Mahaifina, Allah ya ji ƙansa, malamin allo ne. Randar bai yarda da ita ba, camfin mata yake ce mata, amma bai taɓa hana mu shan ruwan ba. Na barcin kuwa yakan gyaɗa kai, ya jawo aya ta 42 a Suratuz Zumar, inda Allah ya ce yana karɓar rayuka lokacin mutuwarsu, da waɗanda ba su mutu ba a cikin barcinsu, ya riƙe wanda ya hukunta wa mutuwa, ya sako sauran zuwa ajali. Ai ko addu'ar tashi daga barci godiya ce ga wanda ya raya mu bayan ya kashe mu. Yakan karantar da hadisi na huɗu a Arba'una, cewa sai ɗan tayi ya yi arba'in sau uku a ciki, kwana 120 ke nan, sannan a aiko mala'ika ya busa masa ruhi. Amma in almajiri ya ce, "Malam, shi ruhin mene ne?" sai ya karanta aya ta 85 a Suratul Isra'i, ya rufe littafi. Yakan ce, "Abin da aka tambayi Fiyayyen Halitta aka ce ya amsa da cewa al'amarin Ubangiji ne, ni ɗan wa?"

Bari dai in ba ki abin da idona ya gani, tun da ke ba a ganar da ke sai da labari.

A 1962 ne, lokacin ƙasar Ringim duk tana ƙarƙashin En'e ta Kano, ba a san za a yi wata Jigawa ba sai da 1991 ta zo. Aka yi bazara mai zafin gaske, sanƙarau ya shigo gari. Ƙanwata, wadda kuke kira Hajiya Ƙarama, tana 'yar mitsitsiya, ta kwanta. Wuya ya sanƙare, kai ya koma baya, jiki zafi rau, ko hasken aci-balbal ba ta son gani. Da dare ya raba ta fara sambatu, cikin sambatun ta ambaci sunan wata tsohuwa mai daddawa da ke bayan masallaci. Mijinta ya mutu, 'ya'yanta maza sun mutu, idonta ɗaya da hakiya. Kafin a kira assalatu magana ta gama gari: an kama kurwar 'yar Malam.

Yadda aka ɗauki maita a lokacin, maye ƙanƙara gare shi a ciki, ta gado ko ta saye. Yana ganin kurwar mutum ƙuru-ƙuru, ya cafke ta ya danne ƙarƙashin dutse ko cikin tokar murhu, mai ita ya yi ta lalacewa a tsaye. Shi ya sa in yaro ya yi kiciɓis da wanda ake zargi sai ya ce "kurwata kur" ya tofar da yawu. Magani kuwa, wai a sa mayen ya tsallake marar lafiya, sai ya saki.

Da hantsi aka jawo tsohuwar nan. Ina raɓe jikin rumbu ina kallo. Hannunta duk ƙullin daddawa, ba a bari ta wanke ba, ɗankwalinta ya faɗi a ƙofar zaure wani yaro ya bi ta kai. Aka fito da yarinya aka shimfiɗe a tsakar gida, mata na sallallami, samari sun ja daga da sanduna. Ta rantse da Allah ko garwashin gidan nan ba ta taɓa zuwa ɗiba ba. Wa zai ji? Ta ɗaga ƙafa da ƙyar, don ciwon gwiwa gare ta, ta tsallaka. Aka ce ta sake, ta sake. A na ƙarshe gefen tabarma ya harɗe ta, ta zube, kuma duk taron nan babu wanda ya miƙa mata hannu. Mahaifina ya tafi jana'iza ƙauyen gaba, sai bayan azahar ya dawo ya tarar an gama. Ranar bai ci tuwo ba. Ya ce da Goggo, "Kun ɗauki alhakin da kogin Haɗeja ba zai wanke ba." Ita kuwa ko gezau, ta ce, "In maye ya ci ya manta, uwar ɗa ba ta mantawa."

Yarinya dai ba ta tashi ba. Sai Goggo ta aika unguwar Maguzawa a ɓoye aka ɗauko mai garaya. Ba ta isa ta shigo da shi gidan Malam ba, sai aka kafa wasan bori a gidan maƙwabta, danga ce kawai tsakani. Na leƙa ta kafar kara. Garaya tsirkiyarta biyu tak, ga yara biyu suna kaɗa buta, amma kowane iska da takensa, kuma da an taɓa shi mai shi ya sani. Aka kaɗa na Malam Alhaji, sai wata mata jibgegiya ta ranƙwafa tana tarin tsufa tana jan carbin da babu shi. Aka juya na Ɗan Galadima, sai wata ta miƙe tana taƙama, ana yi mata fifita tana neman turare. Na Sarkin Rafi kuwa, tsalle mutumin ya yi ya faɗo daɓas da ɗuwawu, ƙasa ta amsa. In iska zai sauka sai ki ji atishawa. Ni ɗan malami, na hardace izu ba kaɗan ba, amma tsigar jikina ta tashi, ƙafata tana bin kiɗan ba da izinina ba. Daga zaure kuma sai na jiyo mahaifina ya ɗaga murya da Yasin, yana yi yana maimaitawa. Haka muryoyin nan biyu suka yi ta karo a kan danga har zakara ya yi cara.

Da gari ya waye bai shawarci kowa ba. Ya sa aka ɗaura wa jaki akumari, baffanmu ya rungume yarinya, sai ɗakin shan magani na Ringim. Aka yi ta ɗirka mata allura. Ta dawo da ranta, amma kunnen hagu ya tafi, shi ya sa sai kun zagaya dama kuke gaishe ta. To daga nan kowa ya ja nasa. Goggo ta ce tsallake ne. Mai garaya ya zo ya ja akuyarsa. Mahaifina ya ce kwana ne bai ƙare ba. Malamin asibiti, shi ko goro ba a kai masa ba. Tsohuwar nan kuwa, daddawarta ba ta sake shiga tukunyar kowa ba a garin. Kafin kaka ta tattara komatsanta ta koma wurin 'yarta wajen Taura, can muka ji rai ya yi halinsa.

Shi ya sa in na ji 'yan boko na yabon al'adun gargajiya ɗungurungum sai in yi shiru. Imanin da ya koya mana lallaɓa mai barci shi ne ya kayar da tsohuwar nan, kuma har yau nakan ji irin wannan zargi a rediyo, kullum kuma kan marar gata yake faɗawa. Ban taɓa jin an sa matar mai gari tsallake ba.

Kada ki yi mamakin garaya a bayan gidan malami. Tun zamanin Sarkin Kano Yaji, a ƙarni na 14, Wangarawa suka iso da Musulunci ƙasar da ake ba da labarin Barbushe da Tsumburbura a dutsen Dala. Shehu Ɗanfodiyo ya ɗaga tuta a 1804, cikin abin da ya yaƙa har da wannan cuɗanya. Ga shi bayan shekara fiye da 150 ana yi a jikin dangarmu.

Kiɗa kuwa kowa ya san ƙofar rai ce, shi ya sa ake ta rigima a kansa. Na je Maukibin Ƙadiriyya a Kano zamanin Shehu Nasiru Kabara, wanda ya rasu a 1996, na ga dattawa masu furfura suna hawaye da an buga bandiri. Imamu Gazali, da ya rasu tun 1111, babi guda ya ware wa sauraron kiɗa da waƙa a littafinsa Ihya'u, ya ce sauti abin da ya tarar a zuciya shi yake tonowa. Ina kwalejin horon malamai ta Wudil a 1970 aka ce James Brown, mawaƙin nan na Amurka, ya sauka Legas. Sai ga abokanmu sun tara suma, sun ɗinka wando mai buɗaɗɗiyar ƙafa, suna ihu irin nasa a bakin famfo. Kiɗan nan na baƙaƙen fatar Amurka, jikokin bayi, daga waƙar cocinsu ya fito, har suka raɗa masa suna soul, wato rai. Da wani mawaƙinsu, Ray Charles, ya fara ɗaukar karin waƙar ibada yana yi wa mata, wajen 1954, masu coci sun yi fushi ƙwarai. A Kano kuma sai aka yi akasin haka: wasu 'yan bandiri suka ɗauko karin waƙoƙin soyayya na finafinan Indiya suka mai da su bege, malamai suka rabu biyu a kai.

Naku na yanzu ne ya fi ba ni haushi da dariya. In jikokin nan suka kunna waya, ba abin da nake ji sai ke ce ruhina, kai ne rabin raina. Yaro ya ba yarinya ruhinsa ran Litinin, ran Alhamis ya karɓe ya kai wa ƙawarta. Kishiyarki har yau ba ta taɓa kiran sunana ba, balle ta ce mini ruhinta, amma da na yi jinyar ƙafa ita ta ƙi barci. Goggo takan ce rai dangin goro ne, ruwa ake ba shi. Ba ta ce a baza shi a faranti kowa ya gutsura ba.

Abin da na riƙe dai, ruhi babu mahalukin da ya isa ya danne shi ƙarƙashin dutse. Sauran maganar kurwa ki bari sai kin zo hutu, in kai ki wurin Hajiya Ƙarama, don ita har gobe tana da nata bayanin, kuma ba irin nawa ba ne.

Wanda na fi so ki sani shi ne yadda ake yi wa rai in zai fita. A da, in ciwo ya yi tsanani, sai a rage mutane a ɗaki, a kori yara, a bar mai natsuwa ɗaya ko biyu. A juya shi gabas, a riƙa ɗiga masa ruwa da auduga, ana maimaita kalmar shahada kusa da kunnensa a hankali, ba a takura masa da "ce, ce". In ya cika a shafa masa ido, domin Annabi da ya rufe idon Abu Salama cewa ya yi in an karɓi rai gani yana bin sa, ya kuma hana mutanen gidan faɗin komai sai alheri, don mala'iku na cewa amin. Bara da maƙwabcinmu ya rasu, jikinsa bai huce ba hotonsa ya hau Facebook, 'yarsa da ke aure a Gumel a can ta gani kafin a aika mata. In tawa ta zo, kowa ya ajiye wayarsa a zaure, a samu mai hankali ya rufe mini ido ya ɗaure haɓa, sanarwa kuma sai an gaya wa na jiki baki da baki. Na gaya wa ubanki, ke ma ga shi na gaya miki, tun da duk gidan nan ba wanda ya kai ki ɗaukar hoto.