Me ya sa anime na kaset ba ya kama da littafinsa?

Tambaya: Na kalli anime (fim ɗin zane na Japan) na Rurouni Kenshin mai kashi huɗu na 1999, sai na ga fuskoki sun sauya, barkwancin da ke cikin manga ɗin (littafin zanen da aka ɗauko labarin daga ciki) ma babu. Kuskure ne ko da gangan? (Mai karatu daga Zariya)

Amsa: Da gangan ne, Malam. Irin wannan ake kira OVA: anime da ke zuwa kasuwa kai tsaye a kaset ko faifai, kamar yadda finafinan Kano suka daɗe suna fita.

Mai zana manga hoto ɗaya yake yi a tsaye, ya cika gashi da ƙananan layuka, ya liƙa takardar ɗige-ɗige don inuwa. A anime kuwa daƙiƙa ɗaya hoto 24 ce, galibi a cike ta da zane 8 ko 12, kuma hannaye da yawa ne ke zanawa. In aka bar layukan nan duka, sai su riƙa rawa, fuskar ta sauya daga hannu zuwa hannu. Shi ya sa mai tsara kamanni ke rage layi, ya zana fuskar ta gaba da ta gefe, kowa ya kwaikwaya. Inda OVA ta fi anime na talabijin shi ne inuwa: ba a binta bashin kashi duk mako, don haka akan shafa launi hawa uku a fuska maimakon biyu.

Shi Kenshin ɗin, darakta Kazuhiro Furuhashi ya ɗauko labarin Tomoe ne, matar Kenshin ta farko, labarin kisa da nadama. Sai aka rage girman ido, aka dusashe launi. Dubi yadda jini ke fita a kan dusar ƙanƙara a kashi na huɗu. A ganina zaɓin ya dace ƙwarai.

Tambaya: Me ya sa labarin wasu OVA ke tsayawa a hanya? (Mai karatu daga Maraɗi)

Amsa: Hajiya, a zamanin kaset, cinikin kaset ɗin yau ke biyan na gobe, kuma ana ɗauka mai saye ya riga ya karanta littafin. JoJo na 1993 kashi shida ne, daga tsakiyar zango na uku na littafin ya soma. Sai a 2000 aka koma aka yi farkon. Gunnm na 1993 kashi biyu ne, alhali littafin juzu'i tara ne. Kafin ki fara kallo, gwada yawan kashi da yawan juzu'i. Hellsing Ultimate kashi goma ne a kan juzu'i goma, daga 2006 zuwa 2012, shi ya kai labarinsa ƙarshe.