Amsa: ga Tiga ga Challawa, me ya hana famfo kawo ruwa?

Malam, ka tambaya me ya sa muke sayen ruwa a hannun 'yan ga-ruwa alhali ga madatsun ruwa a jihar Kano. Ai tara ruwa daban, kai shi gida daban.

Dam ɗin Tiga tun zamanin Audu Bako aka gina shi, aka kammala a 1974, na Challawa kuma a 1992. Yanzu duka suna hannun hukumar kogunan Haɗeja da Jama'are, ta tarayya, kuma manoman rani na Kura da Kadawa ma daga Tiga suke sha. Tacewa da turawa cikin gari kuwa aikin jiha ne, daga matatun Tamburawa da Challawa. Nan ne gizo ke saƙar: injinan sai da wuta, bututan sun tsufa, garin kuma ya yi faɗin da bai yi ba a da.

Shi ya sa kowa ya koma burtsatse. A lungunmu gida uku suka haƙa, rijiyarmu ta kaka da kakanni ta ƙafe, guga sai laka yake ɗebowa. Ni dai a ganina a fara sa ido kan haƙar nan, kafin a zo maganar sabon dam.